Farfesa Tsubu Ya Karɓi Baƙi

Duk gaɓar tsibirin Hokkaido babu wanda ya san dodon koɗin teku kamar Kumagai Tetsuzo, shugaban ƙungiyar masuntan garinmu. Ba jita-jita ba ce, shi ya gaya mana da bakinsa. Bawan Allah ne mai sadaukarwa. Shekara ashirin ke nan ya bar wa wasu daɗin jan kwandunan tarko cikin ruwan ƙanƙara, shi kuwa ya ɗauki wahalar zama kusa da murhu a ofis yana yi musu tunani. A gabansa Shugaba muke ce masa. A bayan idonsa kuwa Farfesa Tsubu, don tsubu muke kiran koɗin.

Da kaka wasu masu dafa abinci biyu suka zo daga wani babban otal na birnin Sapporo, su gani ko za su riƙa sayen tsubunmu. In sun yarda, jiragen masunta goma sha biyu sun tsira daga zaman banza a hunturu. Shugaba ya ce aikin ya fi ƙarfin kowa, da hannunsa zai yanka musu. Ya ɗaura sabon farin ƙyalle a goshi, ya zaro wuƙar da ko takardar shago ba a ɓare mata ba.

Tomeko, tsohuwar da ta shekara hamsin tana fasa koɗi, ta leƙo ta kafaɗarsa.

"Shugaba, ba ka cire kitsen ba fa."

Akwai wasu fararen ƙwayoyi biyu a cikin naman, masu kama da kitse, da ke juya wa mutum kai in ya ci.

"Iya, koma bakin aikinki," in ji shi, ya juya ga baƙin. "Camfin tsofaffi ne, ranku ya daɗe. Ai nan daɗin yake! Da ni da tsubu mun san juna ciki da bai."

Baƙin suka dubi farantin, suka dubi juna, suka ce wallahi sun ƙoshi. Don ya ba su ƙarfin gwiwa, Shugaba ya tsoma a miyar waken soya ya lamushe guda shida, yana lumshe ido.

Bayan rabin sa'a ya miƙe yin jawabi. Ya kai wajen labarin kakansa ke nan sai ya tsaya, ya murje ido.

"Kai, ku kawo kujeru! Baƙi huɗu kun bar su a kan kujera biyu?"

Ya rusuna zai gaida sababbin, ya zarce. Kansa ya shige kwandon ɓawon koɗi, takalmansa na ofis suna kallon sama. Daga ciki muka jiyo shi yana tambaya wa ya kwance igiyar ɗakin har yake yawo kamar jirgi.

Masunta huɗu suka ciccibe shi sai asibiti. Tomeko ta goge hannu a zaninta, ta fasa sababbin tsubu, ta cire kitsen da ɗan yatsa, ta yanka sirara. Baƙin da suka ƙoshi suka cinye faranti uku, suka ce kamun jirgin farko na hunturu nasu ne.

Da la'asar jiri ya sake shi. Ya tashi zaune yana bayyana wa malamar asibiti, Fujie, wadda suka yi firamare tare, cewa gwajin kimiyya ya yi da jikinsa saboda al'umma.

"Sannu da ƙoƙari, Tetsuzo," ta ce. Ta buɗe aljihun tebur ta miƙo masa takardar gargaɗi kan kitsen tsubu da ake raba wa 'yan yawon buɗe ido a tashar jirgin ƙasa. "Riƙe wannan. Mai hotuna ce, ba sai ka karanta ba."