Alhaji Kwantena a Ofishin Takardar Aiki

Wani mutum ne a zangon Hausawa na wani birni can bakin teku, sunansa Tanimu. Amma in ka shiga zangon ka ce Tanimu kake nema, sai a yi ta kallonka. Ka ce Alhaji Kwantena, ko akuya ta nuna maka ɗakinsa. Alhajin shi ya naɗa wa kansa, don ko ƙofar filin jirgi bai taɓa takawa ba. Kwantenar kuwa daga bakinsa ta fito. Kullum da safe a teburin Ilu mai shayi, kafin ruwa ya tafasa, Tanimu ya sauke kwantena uku ya loda biyu.

"Kai, jiya na sha wuya," in ji shi. "Huɗu suka iso mini a jirgi ɗaya. Biyu shinkafa, ɗaya taya, ta huɗun ma na manta abin da na ce a zuba."

"Sannu Alhaji. Shayin da madara ko baƙi?"

"Baƙi. Likitana ya hana ni madara."

Ilu ya miƙa masa kofi. Shekara uku ke nan likitan nan yana hana madara, ya hana ƙwai, burodin ma rabi ya yarda a ci.

Da an sha shayi sai Tanimu ya ɗauki baƙar jakarsa irin ta manyan ma'aikata, ya ce ya tafi tashar jiragen ruwa. Ba can yake zuwa ba. Kwale-kwale yake hawa ya tsallaka ɗaya gefen birnin, inda ɗan zango ba ya leƙawa. Ya laɓe bayan wani shago, ya tuɓe riga da hula ya ninke, ya buɗe jaka. Almakashi ne a ciki, da ɗan soso, da kwalbar ruwan sabulu, da 'yar kujerar tsuguno. Sai ka ji ƙyas-ƙyas-ƙyas ya shiga kasuwa. Yankan farce yake yi.

Abin haushin, gwani ne. Duk kasuwar nan babu mai hannunsa. Farcen da ya gagari reza, Tanimu zai lallaɓa shi ya fitar ba ɗigon jini. Ka san kuma mai yankan farce ba ya ɗaga kai. Ƙafa ake miƙo masa, ƙafa yake gani, da ƙafa yake sanin mutane. Akwai wata ƙafa da ke zuwar masa duk Asabar, shekara biyu cur. Babban yatsanta na hagu farcensa nama yake shiga, mai ita kuwa da ya zauna sai ya baza jarida ya rufe fuska. Ba su taɓa haɗa ido ba, ba sa jin yaren juna. In an gama Tanimu ya daki diddigen sau biyu, ƙafa ta koma takalmi ta tafi.

Ana nan sai gwamnatin ƙasar ta yi shela. Duk baƙon da ke neman abinci a cikinta ya je ya karɓi takardar izinin aiki kafin ƙarshen wata. Wanda aka kama ba takarda, mota ce za ta kwashe shi sai kan iyaka. Wanda ya yi ƙarya a takardar shi ma motar ce, kuma shi ne a kujerar gaba. Sarkin Zango ya ce kada kowa ya je shi kaɗai, ya sa rana, ya ɗauko bas guda, duk zango a tafi tare.

Nan Tanimu ya zauna lissafi. An ba shi labarin ofishin: ƙofa biyu gare shi. Ta dama ta masu sana'ar hannu ce, a tsaya a rana, ka faɗi sana'arka, ka gwada a gani, a buga maka hatimi. Ta hagu ta manyan 'yan kasuwa ce, da kujeru da na'urar sanyi. In ya bi ta dama, takarda a hannu, amma a gaban Ilu da duk zango. In ya ƙi zuwa, mota ta sauke shi ƙauyensu, inda ya gaya musu benensa hawa uku ne yana kallon teku. Ya auna wannan ya auna wancan. Mai hankali da ya bi dama ya huta. Tanimu ya zaɓi hagu.

Asabar biyu bai leƙa kasuwa ba, yana shiri. Ya sa aka buga masa takarda mai kan sarki, "Alhaji Tanimu da 'Ya'yansa, Masu Shigo da Kaya", shi da ko aure bai yi ba. Ya je bakin tasha ya dafa kwantenar wani aka ɗauke shi hoto, mai gadi ya biyo shi da sanda. Ya aro babbar riga mai aska takwas wurin wani dillali, ya ce tasa tana wurin wanki a wata ƙasa.

Ranar tafiya ya fito yana ta baza hannun riga, turare kamar an fasa shago.

"Alhaji, yau a bas za a shiga da mu?" in ji Ilu.

"Direbana na ba shi hutu. Kuma shugaba ai da jama'arsa yake tafiya."

Da aka isa, jama'a suka bi layin dama suka jeru a rana: masu tsire, masu gyaran takalmi, masu goro, masu gadi. Tanimu ya nufi hagu da jakarsa. Ya sha gaya musu yare bakwai yake ji, amma da ya zo bakin ƙofa sai ya waiwaya ya kira Baba Nomau, tsoho mai goro da ya shekara talatin a garin, wanda Sarkin Zango ya ɗora wa aikin tafinta.

"Baba, zo mu shiga. Ba wai ba na ji ba ne, babban mutum ba ya magana ba tafinta."

"Me ka ce?"

"Na ce zo mu shiga!"

Shi Baba Nomau kunnensa ya yi nauyi, kuma yana zaton na kowa haka yake. In ya ce maka ina kwana, unguwa uku za su amsa. Ga shi tagar ofishin a buɗe take, don na'urar sanyin ta mutu tun bara, kuma daidai ƙarƙashin tagar layin dama ya bi.

Jami'in wani ƙaton mutum ne mai tabarau, fuska a murtuke kamar wanda ke cin magani. Sai motsi yake a kujera yana cije leɓe. Ya karɓi takardu ya jefo tambaya, Baba Nomau ya kwarara ta da Hausa.

"Ya ce me kake shigowa da shi?"

"Shinkafa, taya, firji, injin niƙa. Wani lokacin jirgin ma gaba ɗaya nake saye in huta."

"Ya ce ma'aikata nawa gare ka?"

"Na ofishin nan ko har da na ƙasashen waje?"

Ta taga Tanimu ya ji layi ya yi tsit ana saurare, sai kansa ya ƙara girma. Ya gyara zama, ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya, ya ƙara ma'aikata arba'in. Jami'in ya dubi riga, ya dubi hoton kwantena, ya shaƙi turare. A irin ofishin nan riga ake karantawa kafin takarda. Mai tsire na waje sai ya hura wuta an gani kafin a yarda da shi, amma mai aska takwas ba a tambaye shi ko sunan jirgi ɗaya ba. Mutumin ya jawo hatimi ya ajiye kusa, ya yi magana.

"Ya ce saura hoto da dangwale. Cire hula."

Tanimu ya cire hula, aka haska masa fitila ƙyal, ya duƙa kan tebur zai dangwala yatsa. To tsakar kan Tanimu sanƙo ne fes, kuma a tsakiyar sanƙon akwai wani tabo mai lanƙwasa, tsarabar jakin kakansa tun yana yaro. Jami'in ya ɗaga hatimi sai hannunsa ya tsaya a sama. Ya zare tabarau ya goge ya mayar. Fuskar nan bai santa ba, rigar nan bai santa ba. Amma sanƙon nan da tabon nan, shekara biyu yana leƙensu ta saman jarida duk Asabar.

Ya ajiye hatimi a hankali, ya sa hannu ƙarƙashin tebur ya zare takalmin hagu, ya zare safa, ya turo ƙafar waje daidai inda idon Tanimu yake.

Tanimu ya ga ƙafa. Babban yatsa ya kumbura suntum, ya yi jawur, an yi wa farcen yankan rashin imani, an bar tsini ya nutse cikin nama. Ya manta riga, ya manta kwantena, ya manta taga.

"Wane mugun ne ya taɓa mini yatsan nan?"

Baba Nomau, bawan Allah, aikinsa fassara. Ya juya ya kwarara wa jami'in da yaren gari, sannan don kada a bar na waje a duhu, ya maimaita da Hausa: "Ya ce wane mugun ne ya taɓa masa yatsa!"

"Asabar biyu kacal ban zo ba ka kai shi wurin mahauci? Shekara biyu ina lallaɓa farcen nan kamar jariri. Ba a yanka shi ta gefe, a miƙe ake ɗaukarsa. Kuma sau nawa ina nuna maka takalmin nan ya matse ka?"

Kafin ya rufe baki ya riga ya tsuguna, ya tattare aska takwas ya cusa tsakanin cinyoyi, hannu ya ɓalle jaka da kansa. Kwalbar sabulu ta gangaro, soso ya faɗo, 'yar kujera ta yi ƙwal a kan siminti. Almakashi ya hau yatsunsa, ƙyas-ƙyas-ƙyas.

Ƙarar almakashin ce ta farkar da shi. Ya ɗaga kai a hankali, karo na farko a shekara biyu, ya ga fuskar mai ƙafa. Ya juya ya ga taga. Kawuna sun cika ta maƙil, wani kan wani, na Ilu a tsakiya. Gumi ya karyo masa har cikin kunne.

"Wato... jakar ta wani yarona ce, muka yi musanya a..."

Jami'in ya ɗaga hannu. Ya jawo takardu biyu ya shimfiɗa a tebur, ya yi magana a natse, Baba Nomau ya yi shela.

"Ya ce ga takarda biyu. Wannan ta attajiri ce, in ka tsaya a kanta yanzu za a tafi da kai tasha ka nuna kwantenarka, in babu, mota tana bayan ofis da mai a cikinta. Wannan kuma ta masu sana'ar hannu ce, sai dai doka ta ce a faɗi sana'a da baki, a gwada a gani. Ya ce wacce kake so?"

Tanimu ya tuna ƙauyensu da benen nan hawa uku.

"Ta biyun," ya ce can ƙasa-ƙasa.

"Me ka ce?"

"Ta biyun, Baba."

"Ya ce mece ce sana'ar?"

"Yankan farce."

"Ɗaga murya, ɗan nan, ka san kunnena."

"Yankan farce nake yi!"

Dariyar da ta tashi a waje har mai gadin ofis ya riƙe ciki. Tanimu ya sunkuyar da kai, ya jiƙa soso, ya kama yatsa. Gaskiya ko a cikin wannan hali hannunsa bai manta aikinsa ba. Ya bi tsinin nan a hankali ya zaro shi, ya goge, ya daki diddige sau biyu don sabo. Jami'in ya sauke wata doguwar ajiyar zuciya, fuskarsa ta washe, ya ɗauki hatimi ya buga tim. Ya rubuta sana'ar da manyan baƙaƙe, ya sa takardar a igiya, ya rataya wa Tanimu a wuya da hannunsa, a kan aska takwas.

"Ya ce doka ce, kullum a wuya, inda kowa zai gani," in ji Baba Nomau. "Kuma ya ce Asabar kada ka makara."

Tanimu ya fito yana neman hanyar da zai sulale ya bi bayan gini. Ina. Bas ɗaya aka zo, bas ɗaya za a koma. Ya jira a gindin bishiya har kowa ya karɓi tasa takardar, ya shiga ƙarshe, kai a ƙasa. Da yake idonsa a ƙasa yake, shi ya fara ganin abin da aka shirya masa: tun daga ƙofa har kujerar baya, duk zango sun tuɓe takalma sun jero ƙafafu a hanya.

Ilu ya miƙo tasa ƙafar, ya baza yatsu, ya ce cikin ladabi:

"Sannu da aiki, Alhaji. Jirgi ya iso. Ga kwantena biyar nan, a fara sauke babbar."