Yadi Takwas da Saki Uku

Abubuwa da yawa sun shige mini a zaman Jidda, amma ba zan taɓa mantawa da Asabar ɗin da na kori ɗan mutane daga aiki har sau uku ba, ina zaune a kan kafet a unguwar Sharafiyya, shi kuwa yana can Amurka bai ma san da ni a duniya ba.

Ni injiniya ne, kwantiragi ya kawo ni, ina kula da na'urorin sanyaya wani babban gini (in na je gida Kano, injiniya kawai nake cewa in ja bakina, ba na kai maganar kan esi). A lokacin ina neman auren Hadiza, autar Alhaji Garba, wani dattijo mutumin Maraɗi mai shagon yadi, wanda ya daɗe a unguwar Karantina ta nan Jidda kafin rusau ya maido shi Sharafiyya. Na tura manya, na kai gaisuwa, na gyara esin shagon har da wanda lafiyarsa ƙalau. Amsar Alhaji ɗaya ce kullum: "Za mu duba." Aka yi ta dubawa wata da watanni. Ina son yarinyar nan ƙwarai, kuma tsoron kada wani ya riga ni ya hana ni sukuni.

Wata rana na biya shago na tarar da Alhaji yana sake sauraron saƙon murya daga babban ɗansa Sani, wanda ke zaune a Amurka. Wai ɗan Sanin, Laminu, haifaffen can, ya samu shiga sahun farko na ƙungiyar ƙwallon jami'arsu, kuma ranar Asabar zai buga. Bidiyon wasan ba ya buɗewa a wajen ƙasarsu, amma rediyon makarantar yana sa sharhi kai tsaye a intanet, ga adireshin nan ya turo.

Alhaji yana da Faransanci, yana da Larabci, Ingilishi ne Allah bai ba shi ba. Ya dube ni ta saman tabarau, ya kira ni da sunan da Larabawa ke kiran injiniya.

"Muhandis, kai kana jin Ingilishi ko? Kuma ka san balo?"

Da ina da hankali da na ce ina taɓawa. Sai na gyara tsayuwa na ce, "Baba, ai Turanci da ƙwallo, in ka same ni ka gama nema. Ka tara mutane kawai, ni zan zama idonku."

Kwanakin da suka rage na yi shiri kamar mai zuwa jarrabawa. Na sauke manhajar rediyo a waya, na gwada adireshin a ɗakina, na sayi sabuwar sifika mai haɗuwa da waya, na cika data don kada wayifai ɗin gidan ya ba ni kunya. Tashar ba ta sa komai sai kiɗan jita da tallar motar noma, ni kuma ina ta murna tana kamawa. Abu ɗaya ne ban yi ba: ban bincika wane irin wasa ne ba. Me zan bincika? An ce futbol, ni kuwa na san har golan benci na ƙungiyoyin Turai.

Bayan sallar isha'i muka hallara a falon Alhaji. Maza sun kai goma, ga gahawa ga dabino. Kusa da Alhaji akwai amininsa Malam Idi, mutumin Damagaram, mai koyar da yara allo, wanda ba a maganar da zai rasa hukuncin da zai ɗora mata. Mata suna ɗaki na gaba, labule ne kawai tsakaninmu, kuma na san Hadiza tana bayan labulen nan. Na ajiye sifika a tsakiyar fili, na naɗe hannun riga.

Turawa biyu ne ke sharhin. Tun daga minti na farko na gane akwai matsala. Turancin dai ina jin kalmominsa ɗaya-ɗaya, amma in aka haɗa su ba sa zama ƙwallon da na sani. Babu kwana, babu jifa, babu wanda ya sa kai. A yi ihu na ɗan lokaci, sai a tsaya a yi ta hira, sai talla. Amma kowa ni yake kallo. Sai na fara ƙera wasa da bakina.

"Laminu ya karɓa! Ya yanke ɗaya, ya yanke biyu, ya ɗaga ta da ƙafar hagu!"

"Masha Allah," in ji Alhaji. "Bahago ne kamar kakarshi."

Masu sharhin da sunan kakan suke kiran yaron, kowane lokaci Garba, Garba. Sau biyu Alhaji yana amsawa da na'am kafin ya saba.

Can sai na tsinci wata kalma da na sani sarai: yad, wato yadi. Wai Garba ya samu yadi goma sha biyu. Na faɗa kamar yadda na ji. Alhaji, mutumin da ya ƙare rayuwarsa a kan awon yadi, ya miƙe zaune.

"Yadi? Wane iri, shadda ko boyal?"

Na ce ba su faɗa ba, amma al'adarsu ce a can, in ɗan wasa ya burge sai a yi masa liƙi da yadi (wallahi ban san daga inda wannan ta fito ba, ji na yi kawai bakina ya faɗa). Falo ya ɗauki kabbara. Daga nan duk yadin da aka ambata Alhaji yana tarawa da yatsu, har ya fara lissafin kaftani nawa za a fitar.

Sai aka yi wani dogon ihu, aka ce shida da babu. Yanzun nan fa babu ci ko ɗaya. Kafin in haɗiye yawu aka ce bakwai. Malam Idi ya tambaya yaya aka yi. Na ɗaga waya sama, na girgiza ta, na ce netuwok ne ya ɗauke, ƙwallo biyar sun wuce mu. Malam Idi ya ce lallai a binciki golan can, ba banza ba.

Har nan da sauƙi. Ƙarya ce mai daɗi, kowa yana dariya, Alhaji har ya miƙo mini dabino da hannunsa, abin da bai taɓa yi ba. Na ji a raina aure ya kusa.

Sai Baturen ya kwarma ihu da sunan Garba, ya haɗa da wata kalma: sak.

Duk wanda ya yi aikin albashi a Nijeriya ya san kalmar nan, kuma ma'anarta ɗaya ce a wurinmu: an kore ka daga aiki. Na kasa kunne ko ban ji daidai ba. Abokin sharhinsa ya maimaita, ya ƙara da cewa an yi asarar yadi takwas. A karon farko a daren na ji jimla guda da na fahimta daga farko har ƙarshe, don haka na faɗe ta da cikakken ƙarfin gwiwa.

"Inna lillahi. Baba, sai haƙuri. Sun yi sakin ɗin Laminu."

"Sun yi mi?"

"Sun kore shi. Kuma sun ƙwace yadi takwas daga cikin wanda suka ba shi."

A Jidda kora ba ƙaramar magana ba ce. Kowa a ɗakin nan ya san wani da kafili, wato ubangidan da ya tsaya masa, ya juya wa baya, iƙamarsa ta zaman ƙasa ta mutu, aka tasa ƙeyarsa zuwa filin jirgi. Alhaji ya cire tabarau ya riƙe a hannu.

"Tsakiyar wasa? Mi ya yi musu?"

"Haka kafili yake ko'ina," in ji wani daga gefe.

Daga bayan labule na ji muryar Hadiza ƙasa-ƙasa, da Hausarta ta 'yan Jidda: "Ya Muhandis, inta mut'akkid? Ka tabbata, ya'ni?"

Ƙofar tsira ce Allah ya buɗe mini a nan. Na rufe ta da hannuna. Na ce, "Ɗari bisa ɗari."

Ba a jima ba sai ga sunan Garba ya dawo, ana ta ba shi yadi kamar ba a yi komai ba. Idanu suka sake dawowa kaina. Na ce ai 'yan kallo ne suka sa baki, aka ba da haƙuri, aka maido shi. Malam Idi ya gyaɗa kai ya ce, "To, saki ɗaya ne, akwai kome." Aka ɗan yi dariya, Alhaji ya mayar da tabarau.

Sai Baturen ya sake: sak!

"Sun sake korarsa," na ce.

"Biyu ke nan," in ji Malam Idi, ya ɗaga yatsu. "Yaron nan ya yi hattara, saura igiya ɗaya."

Yanzu kam babu mai taɓa gahawa. Dattawa goma sun zuba wa sifika ido kamar majinyaci, ana ta salati. Aka maido da Laminu a karo na biyu. Ni kuma a zuciyata addu'a nake yi data ta ƙare, ko caji ya mutu, ko a ɗauke wuta (a Jidda fa, inda ban taɓa ganin ta ƙifta ba). Babu wanda ya faru. Sifikar da na saya da kuɗina ta fitar da kalmar nan tar a karo na uku.

Ban ma buɗe baki ba. Malam Idi ne ya sauke hukunci: "Saki uku. Halas, babu kome."

Kuka ya ɓarke a bayan labule. Hajiya, matar Alhaji, tana faɗin a dawo mata da jikanta tun kafin su kama shi. Alhaji ya miƙe tsaye, ya danna waya ya fara yi wa Sani saƙon murya, kuma a zauren dangi gaba ɗaya ya saka, na Maraɗi da na Yamai da na Makka.

"Sani, mun ji abin da ya hwaru. Ka ce ma Laminu kar shi damu. Shi maida musu yadinsu duka, ko ƙyalle kar shi riƙe. Yadi ni ke da shi, ba su ba. A nema mishi biza shi taho, shago na nan."

Na ga hawaye a idon dattijon nan, na kuma san ni na jawo su.

Lokacin hutun rabin lokaci wayar Alhaji ta yi ƙara. Sani ne, daga cikin filin, ana jin ganguna a bayansa. Alhaji ya sa a sifikata, don kowa ya ji.

"Baba, lafiya? Wa ya rasu? Waya sai shigowa take, ana yi mini jaje."

"An ce sun kori Laminu har sau ukku."

"Kora? Baba, su ne fa ke kan gaba! Wa ya ce an kore shi?"

Kawuna goma ne kawai suka juyo wajena a tare.

Na matsa kusa da sifika na ce, cikin wata siririyar murya da ban san ina da ita ba, "Yaya Sani, ai sak suka ce."

Dariyar da ya yi sai da ya sarƙe. Da ya dawo hayyacinsa ya yi bayani: sak shi ne a kayar da mai jefa ƙwallo tun tana hannunsa, ya tashi ya kakkaɓe a ci gaba. Yadi kuma awon fili ne, ba na ɗinki ba.

"Tsaya," in ji Alhaji. "Hannunshi? Da hannu aka buga balon?"

"Da hannu yake jefawa, Baba. Ƙwallon Amurka ce, mai hular kwano."

"To ƙahwar hagun fa? Muhandis ya ce ya yanke mutum biyu."

"Baba, tun da Laminu ya fara wasan nan ƙafarsa ba ta taɓa ƙwallo ba."

Bayan labule kukan ya koma wani abu dabam. Na gane dariyar Hadiza a ciki, har da buga bango. Na tashi na ce zan duba esin mota, na fita da takalmin wani, na bar sifikar a nan. Ban koma ɗaukarta ba.

Na ƙaurace wa layin shagon kwata-kwata. In zan je Sharafiyya sai in zagaya ta bayan gari. Na riga na cire rai, har na fara tsara yadda zan gaya wa mahaifiyata cewa maganar ta lalace, ba tare da na ambaci ƙwallo ba. Sai Alhaji ya aiko a kira ni.

Na same shi yana yankan yadi, bai ɗago ba. "Mutumin da ya yi saki ukku a zama guda," ya ce, "shi ne zan ba ɗiyata?"

Na ce, "Baba, ban san wasan ba. Tun minti na farko ban san shi ba."

"Yanzu ka yi magana." Ya ajiye almakashi. "Ita ta ce kai take so. Ta ce duk gidan da kake ba a rasa abin dariya. Ka sake turo manyanka."

Sunan ne dai ya bi ni. Kafin biki babu mai ce mini Muhandis daga Sharafiyya har unguwar Nuzla. Ranar ɗaurin aure, limamin da aka gayyato baƙo ne, bai san labarin ba. Ya gyara zama ya tambaya wane ne angon. Mutane suka amsa baki ɗaya: "Saki Uku!"

Liman ya rufe littafinsa ya ce, "A'uzu billahi. Tun ba a ɗaura ba?"

Sai da Alhaji da kansa ya rantse masa cewa maganar ƙwallo ce kafin ya yarda ya ci gaba, kuma huɗubar da ya yi a kan haƙuri da iyali, ni yake kallo daga farkonta har ƙarshe. Tun daga ranar, in aka tambaye ni ko na san abu, ko da hanyar gidana ce, sai na ce a bari in bincika tukuna.