Yadda aka ƙi ni a Garou

Ba zan taɓa mantawa da tabarmar Baba Idi ba, ko da zan so. Ni mai ɗaukar fim ɗin rayuwar mutane ne, kuma ina da wata ƙa'ida da nake taƙama da ita: ba na fito da kamara sai mutum ya saba da ni ya daina ganina baƙo.

Baba Idi tsohon masassaƙin jirgin ruwa ne a Garou, wani ƙauye a bakin kogi, mutumin Gaya da ya haye kogi ya zauna. Shi kaɗai na sani yana aikin da hannu, kuma in ya ƙi, fim ɗina ya mutu. Sai na riƙa hawa kabu-kabu daga Malanville duk Juma'a, da goro da sukari, in zauna gabansa kaina a sunkuye. Ban taɓa cewa fim ba. Ina dai tambayar lafiyar iyali, ina yabon girkin ɗiyarsa Hadiza, bazawara mai sayar da shinkafa. (Girkin da daɗi, amma na fi yabonsa don tsohon ya sake da ni.)

Da na ga lokaci ya yi, na ce masa, "Baba, akwai abin da nake nema wurinka. Zan zo da kawuna." A ganina wannan shi ne girmamawa.

Muna isa na ga tabarmi, ga liman, ga dattawa sun sha manyan riguna. Baba Idi ya dubi kawuna ya ce, "Mun san abin da ya kawo ku. Wanga yaro na da kunya. Na ba shi Hadiza."

Kawu ya waiwayo ya zare mini ido. Ina lalubar yadda zan janye ba tare da na kunyata tsoho gaban jama'a ba, sai muryar Hadiza ta fito daga bayan zana:

"Baba, ni hwa ba ni so nai! Mutum ya zo ya zamna tun hantsi har la'asar, ba noma ba kasuwa? Mi za ya ciyar da ni?"

Wallahi na ji zafi. Ni da ban nema ba, har na buɗe baki zan kare sana'ata! Da ƙyar na ce, "Baba, fim ne. Fim nake so in ɗauke ka."

Liman na kallon ƙasa, kafaɗunsa na rawa don dariya. Tsohon ya ce, "Hoto? To mi ya hana ka hwaɗi tun ranar farko? Ɗauka mana!"

Na samu fim ɗina. Amma har yau in na sauka a Garou, cewa ake ga wanda Hadiza ta ƙi. Yanzu duk gidan da zan shiga, kamara ce ke yin sallama kafin ni.