Yatsan Hasan, Kukan Usaini

Ina cikin daka yara suka shigo: "Hasan ya faɗo daga amalanke, yatsan ƙafarsa ya goce!" Na tarar da tagwayena, ɗaya na tsala ihu. Na sungume shi, na tare kabu-kabu. Uwar mijina na kiran "Ke, tsaya!" Na ce, "Inna, ni fa na haife su!"

A Tsarnawa mai ɗori ya lallatsa yatsun duka, ya ce, "Ɗiyata, wanga yaro lafiya lau yake."

Ashe Usaini ne, yana taya ɗan'uwansa kuka.

Sai ga Inna goye da Hasan, ya cije leɓe, shiru abin tausayi. Aka ja yatsan ya koma, aka ɗaure.

Har yau in na ɗauki ɗayansu, sai Inna ta ce, "Duba dai da kyau, ke da kika haife su."