Ranar da Na Share Ƙofar Indiyawa

A unguwarmu a Kano, duk wadda ta riga fitowa da tsintsiya, har ƙofar maƙwabciyarta take sharewa. Da wannan tarbiyyar na sauka Springfield ta Amurka, inda na shekara biyu ban samu wanda zan tsuguna in gaisar ba.

Sai wasu Indiyawa suka tare kusa da mu: mata da miji masu aikin kwamfuta, 'yarsu mai amsa komai da Turanci, da kakarta, tsohuwa mai tafiya irin ta Innata sak. Tun ganin farko na ƙudurta sai ta san ni 'yar mutunci ce.

Wata Asabar da safe na tarar an zazzane ƙofarsu da farin gari. Na ce lallai, ɓarnar yarinya ce. Na ɗauko tsintsiyar kwakwar da na taho da ita daga gida, na share tas, na bi da ruwa, na gyara mayafi ina jiran a sa mini albarka.

Tsohuwar ta fito da kwanon garin shinkafa, za ta ƙarasa aikinta. Ta dubi simintin, ta dube ni. Jikar ce ta yi magana: "Anti, tun asuba kaka take wannan zanen. Yau ranar sallarmu ce."

Tsohuwar ta yi ta dariya har da hawaye, irin dariyar Inna.

Tuni ta koma Indiya. Amma duk shekara ranar sallarsu sai an miƙo mini waya, ta tambaya ta bakin jikar: "An dai ɓoye tsintsiyar ko?"