Yadda Za Ki Rataya Zanenki a Gidan Baje Koli Ba Tare da An Gayyace Ki Ba

’Yar’uwa mai zane, bi matakan nan, na lamunce miki bango. A kan Murja Jumare ta unguwar Rusholme a Manchester aka gwada su, kuma sun ci.

1. Bari su kore ki tukuna. Shekara uku Murja tana kai zanenta wani gidan baje koli a Manchester. Shugaban wurin ya ce hukumar gari ta rage musu ma’aikata, babu fili. Sannan ya ƙara da murmushi, “Amma ki zo watan tunawa da tarihin baƙaƙen fata, ki yi wa yara lalle.” Ki yi godiya. Zagi ba ya rataya zane.

2. Nemi abokiyar ta’asa. Murja ta kira Justina, mai sassaƙa a Birmingham, wadda su ma can suka taɓa ɗauka mai kawo shayi ce. Justina ta ce, “Zane arba’in a ɗakin nan, duk na Turawa maza, rabinsu sun mutu? Ina zuwa da guduma.”

3. Sa rigar masu shara. Masana sun tabbatar ido ba ya ganin baƙar mace mai riƙe da bokiti. Ƙarfe goma na safe suka shige da zanen mahaifiyar Murja tana tankaɗe. Har ƙofa aka riƙe musu.

4. Buga ƙusa. Mai gadi ɗaya ya rage wa ɗaki biyar, Manasseh, dattijo ɗan Jos. Ya tsaya a bayansu. Ya daɗe yana kallo, sannan ya ce, “Hajiya, ya karkace hagu.”

5. Yi haƙuri. Kwana tara babu wanda ya lura. Ran na goma shugaban ya zagayo da baƙi, ya tsaya gaban zanen yana yaba “ƙarfin hannun wannan mutumin”. Murja ta ɗaga yatsa daga baya: “Ni ce mutumin.”

An sauke zanen a ranar. Asabar ta zagayo, Justina ta dawo da mata talatin, kowacce rungume da aikinta, suka jeru a bakin ƙofa har ’yan jarida suka iso. Litinin aka mayar da shi, da sunan Murja a ƙasa.

Gargaɗi: in aka kama ki, ban san ki ba, ban san Murja ba. Ni tsani kawai na riƙe.