Ranar da Na Ga Ƙeyata a Majigi

Ba zan taɓa mantawa da abin da majigin Ummaru ya yi mini ba, shekarar da aka samu 'yancin kai, ina sabon malami a elementaren Bodinga.

Ummaru ɗan kawuna ne, mutumin Shagari. Ya yi aiki da motar majigi ta gwamnati, amma koya wa mutane zuba taki bai ishe shi ba. Sai ya samo wata tsohuwar kyamara yana bin kasuwanni yana ɗaukar mutane ba da saninsu ba. Hoton ba ya magana, don haka in ana haskawa shi yake tsayawa gefe yana yi wa kowa murya, har da tafiyarsa. Na sha tambayarsa amfanin wannan wahala. Ya ce so yake ya ga ko mutum zai gane kansa.

Wata Asabar da la'asar Ummaru ya zo da majiginsa, aka rurrufe tagogin ajinmu, aka rataya farin zane. Na sa kwat ɗina (ta aro ce, hannun bai kai wuyan hannuna ba), na zauna gaba kusa da Malam Buba, mahaifin yarinyar da nake nema.

Sai ga kasuwar Shagari a jikin zane: buhunan albasa, jakuna, masu fura. Can wani ya shigo, an ɗauko shi ta baya. Hula a karkace, wandon Turawa ya ɗage, yana tafe yana rangaji kamar agwagwa. Ya tsaya ya sosa ƙugu, ya ɗauki albasa ya sansana, ya ajiye, ya sake sosawa.

Na matsa kusa da Malam Buba don in nuna ni ma na san duniya. Na ce, yadda na baya za su ji, "Baba, wa na wanga? Irinsu na ka ɓata ma 'yan boko suna."

Mutumin cikin hoton kuwa ya waiwayo, ya cika zanen da fuskata.

Ummaru bai yi wata-wata ba, ya maƙale murya irin tawa ya ce, "Baba, wa na wanga?" Ajin ya ɗauka da dariya. Malam Buba ya dube ni a natse ya ce, "Ai tun daga ƙeya na gane ka, ɗana. Na zaci ladabi ya hana ka hwaɗi."

Da aka watse na roƙi Ummaru ya sake haska mini ni kaɗai. Kunya na ci na, amma na kasa ɗauke ido. Ashe haka nake tafiya, kuma duk Bodinga an sani ban da ni.

An dai ba ni matar. Ni kuma tun daga ranar, in zan kushe wani, sai na bari ya juyo tukuna.